Salim Ahmed Salim: Magatakardan Sarakuna Hamsin

 

Ranar 27 ga Oktoba, 1981, wakilan ƙasashe goma sha biyar suka shiga ɗakin Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya a birnin New York, aka rufe ƙofa. Zaɓen Babban Sakatare ne ya tara su. 'Yan takara biyu ne: Kurt Waldheim ɗan Ostiriya, wanda ya yi wa'adi biyu yana neman na uku, da ministan harkokin wajen Tanzaniya, Salim Ahmed Salim, mai shekara 39 a duniya. Da aka ƙirga ƙuri'un zagayen farko, Salim na da 11, Waldheim na da 10, alhali tara kawai ake bukata. A lissafin kasuwa ɗan Afirka ya ci. Sai dai a wannan ɗaki ƙasashe biyar ne ke da kujerar naƙi, kuma Amurka ta hau tata a kan Salim. Ita ma Sin ta hau tata a kan Waldheim.

Haka aka yi ta yi har zagaye goma sha shida. A shiga, a jefa ƙuri'a, a fito hannu rabbana. Sai da Disamba ta kama, shugabancin kwamitin ya zagayo kan wani matashin jakadan Uganda, Olara Otunnu, sannan aka samu mafita: ya lallashi mutanen biyu suka janye sunayensu, aka kawo Javier Pérez de Cuéllar na Peru. Afirka sai da ta jira wasu shekara goma kafin Boutros-Ghali na Masar ya hau wannan kujera.

Akwai wani mutum a ɗakin da ya kamata a riƙe sunansa. A shekarun 1980 da 1981 Jamhuriyar Nijar na cikin Kwamitin Sulhu, jakadanta kuwa shi ne Ide Oumarou. Bayan shekara takwas shi da Salim za su sake haɗuwa a wani ɗakin zaɓe, a Adis Ababa, kowa na neman kujerar da ɗaya kaɗai za ta ɗauka.

Me Salim ya yi wa Amurka? Ruwa ba ya tsami banza. Daren 25 ga Oktoba, 1971, Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya zartar da ƙuduri mai lamba 2758, wanda ya karɓe kujerar Sin daga hannun gwamnatin Taiwan ya ba gwamnatin Beijing. Ƙasashe 76 suka amince, 35 suka ƙi, 17 suka ƙaurace. Afirka kanta ta rabu a wannan dare: Nijeriya ta goyi baya, Nijar da Chadi suka ƙi. Tanzaniya na cikin ƙasashen da suka gabatar da ƙudurin, kuma jakadanta, Salim, ɗan shekara 29, na cikin waɗanda suka yi ta bi ofis-ofis suna tara ƙuri'a. Da sakamako ya fito zauren ya kaure da tafi da shewa, kyamarorin talabijin suka ɗauki wakilan Tanzaniya cikin murna, labari ya bazu cewa Salim ya taka rawa a tsakiyar zaure. Shi kansa ya musanta cewa ya yi rawa. Amma jakadan Amurka da aka kayar a daren shi ne George Bush babba. Washegari kuma gwamnan Kalifoniya ya kira Shugaba Nixon ta waya ya siffanta wakilan Afirka da birai, maganar da aka naɗa a faifai, ba a fitar da ita ba sai 2019. Sunan gwamnan Ronald Reagan. A 1981 Reagan ne shugaban Amurka, Bush ne mataimakinsa. Amurka ba ta fito fili ta ce rawa ce dalili ba, kuma lallai akwai batun Afirka ta Kudu da na Falasɗinu, inda Salim bai taɓa ɓoye ɓangarensa ba. Amma duk wanda ke zirga-zirga a ginin majalisar a lokacin ya san ba a manta da wancan dare ba.

Sin ma ba ta manta ba. A 2019, shekara 48 bayan ƙuri'ar, ta ba shi lambar girmamawarta ta abota, mafi girma da take ba baƙo.

An haifi Salim a Zanzibar ranar 23 ga Janairu, 1942, danginsa mutanen tsibirin Pemba ne. Tun yana makaranta ya shiga harkar ƙungiyar ɗalibai da aikin jarida, ya kuma raɓi Abdulrahman Babu, jagoran matasa masu ra'ayin gurguzu a tsibirin. A Janairun 1964 aka yi juyin juya hali aka kori sarkin Zanzibar, a Afrilu tsibirin ya haɗe da Tanganyika. A cikin wannan hargitsi aka tura yaro ɗan shekara 22 Alƙahira a matsayin jakada, ya miƙa takardunsa ga Gamal Abdel Nasser. Daga nan Indiya daga 1965 zuwa 1968, inda ya haɗa aikin jakadanci da karatun digiri a Jami'ar Delhi, sai Sin a 1969, sai New York a 1970. Digirinsa na biyu ma a bakin aiki ya yi shi, a Jami'ar Columbia. Mutumin da ya fara jakadanci kafin ya gama karatu ke nan.

Shekara goma ya yi a New York, kuma a nan ya koyi sana'ar da ya rayu da ita. Daga 1972 ya shugabanci kwamitin majalisar mai kula da 'yantar da ƙasashen da ke hannun 'yan mulkin mallaka, wanda ake kira Kwamitin 24. A shekarar farko kwamitin ya yi abin da ba a saba gani ba: ya tura wakilai uku suka shiga dazukan Gini-Bisau da mayaƙan Amílcar Cabral suka ƙwace, ba tare da izinin Fotugal ba, suka dawo da rahoton cewa makarantu da asibitocin da suka gani a can ba na Fotugal ba ne. Wannan rahoto ya taimaka ƙwarai lokacin da Gini-Bisau ta ayyana 'yancinta a 1973. A Janairun 1976 Salim na shugabantar Kwamitin Sulhu aka zartar da ƙuduri na 385, mai neman a yi zaɓe a Namibiya ƙarƙashin kulawar majalisar. A 1979 aka zaɓe shi shugaban Babban Zauren. Darasin da ke cikin wannan duka shi ne cewa ƙasar da ba ta da jiragen yaƙi ko taskar kuɗi tana iya yin aiki da takarda, in ta san wace kalma za ta sa a ciki da kuma ranar da za ta kawo ta.

Gida bai yi masa sauƙi kamar waje ba. Ya zama ministan harkokin waje a 1980, kuma da Firaminista Edward Sokoine ya rasu a haɗarin mota a Afrilun 1984, Mwalimu Julius Nyerere ya ɗora shi a gurbinsa. Mutane da yawa sun ɗauka magaji aka nuna. Da Nyerere ya tashi sauka a 1985, sai 'yan siyasar Zanzibar da ba su yarda da Salim ba suka tado maganar jininsa na Larabawa da jam'iyyar da ya raɓa kafin juyin juya hali. Ali Hassan Mwinyi ya samu kujerar. Salim ya karɓi mataimakin firaminista da ministan tsaro, ya yi shiru. A 2005 ya sake gwadawa, Jakaya Kikwete ya kayar da shi a cikin jam'iyyar CCM.

Yanzu sai Adis Ababa. Kafin a auna abin da Salim ya yi a Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka, wato OAU, sai an san irin kujerar da ya nema. Shugabannin da suka kafa ƙungiyar ranar 25 ga Mayu, 1963, ba su so wani ya yi musu tsaye a ka ba. Sun ga rawar da sakatariyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta taka a rikicin Kongo, ba ta yi musu daɗi ba. Don haka a kundin ƙungiyar suka kira shugaban ofishinsu sakataren gudanarwa: mai shirya zauren taro, mai rubuta abin da aka yanke, mai aika wasiƙa. A fadar Hausa akwai waziri, akwai magatakarda. Magatakarda suka nema, kuma na sarakuna da yawa a lokaci guda, kowanne na ganin shi ne ubangidansa.

Waɗanda suka manta da haka sun ji a jikinsu. Diallo Telli na Gini, na farko, ya yi shekara takwas yana magana kamar mai iko, aka ƙi sabunta masa a 1972. Ya koma gida Shugaba Sékou Touré ya ba shi ministan shari'a, daga baya ya kulle shi a sansanin Boiro, aka hana shi ci da sha har ya mutu a farkon 1977. Nzo Ekangaki na Kamaru ya yi murabus a 1974 saboda kwangilar da ya ƙulla da kamfanin Lonrho. Edem Kodjo na Togo ya ba Yammacin Sahara kujera a Fabrairun 1982, ƙungiyar ta tsage biyu, sau biyu aka kira taron ƙoli a Tripoli a shekarar ba a samu adadin da ake bukata ba, a 1984 Maroko ta fice, ba ta dawo ba sai 2017. Bayan Kodjo an kasa zaɓen kowa, sai ɗan Nijeriya Peter Onu ya riƙe ofishin na wucin gadi daga 1983 zuwa 1985.

A wannan hali aka kawo Ide Oumarou a Yulin 1985. Ɗan jarida ne kuma marubuci, littafinsa Gros Plan ya ci babbar kyautar adabin baƙar fatar Afirka a 1978, ya yi wa shugaban Nijar Seyni Kountché aiki a fada da New York da ma'aikatar harkokin waje. Adalci ne a ce ya karɓi gida yana yoyo ya toshe abin da ya iya. A zamaninsa yarjejeniyar Afirka ta haƙƙin ɗan Adam ta fara aiki a 1986, a 1987 kuma ƙasashen suka yi taro na musamman suka fitar da matsaya ɗaya kan bashin da ya shaƙe su. Ya nemi wa'adi na biyu a Yulin 1989, lokacin Kountché ya riga ya rasu, Salim kuma ya zo da nauyin Nyerere da na ƙasashen kudancin Afirka a bayansa. Salim ya yi nasara. Oumarou ya koma Yamai, a can ya rasu a 2002.

Salim ya shiga ofis a Satumbar 1989. Bayan wata biyu katangar Berlin ta faɗi. A Fabrairun 1990 aka saki Nelson Mandela, a Maris Namibiya ta samu 'yanci. Abin farin ciki ne, amma ga OAU tambaya ce mai nauyi. Shekara kusan talatin abu ɗaya ne ke haɗa mai ra'ayin Mosko da mai ra'ayin Faris a teburi guda: ƙin mulkin mallaka da wariyar launin fata. Kwamitin 'yantarwa da ke Darussalam, ƙarƙashin Birgediya Hashim Mbita, shi ne sashen ƙungiyar da kowa ke alfahari da shi. In wannan aiki ya ƙare, me ya rage? Manyan ƙasashen da ke zawarcin Afirka saboda yaƙin cacar baka sun fara juya baya. A Laberiya yaƙi ya ɓarke a ƙarshen 1989, Somaliya na gab da rushewa, kuma waɗannan yaƙe-yaƙe duk a cikin gida suke, daidai wurin da kundin ƙungiyar ya ce kada a leƙa.

Sashe na uku na kundin ya hana tsoma baki a harkokin cikin gida na kowace ƙasa. Da wannan sashe aka yi wa Idi Amin na Uganda shiru, har ya shugabanci ƙungiyar a 1975 da aka yi taro a Kampala. Salim ya fito daga ƙasar da ta fi kowa taka wannan doka. Tanzaniya ce ta fara amincewa da Biyafara a Afrilun 1968, abin da 'yan Nijeriya masu shekaru ba su manta ba. Tanzaniya ce ta kori Amin da sojojinta a 1979, har Janar Obasanjo ya soki matakin a taron Monrovia na shekarar. Don haka shugabanni da yawa sun sa wa sabon sakataren ido. Wanzami ba ya son jarfa.

Abin da ya yi shi ne ya rubuta rahoto. A taron ƙoli na Yulin 1990 ya ajiye wa shugabannin takarda kan sauye-sauyen da ke faruwa a duniya da abin da suke nufi ga Afirka. Daga cikinta aka fitar da sanarwar da shugabannin suka ce da bakinsu za su faɗaɗa dimokuraɗiyya kuma za su yi aiki tare don kashe rikice-rikice, har da na cikin gida. Wasu sun amince ne don sun ɗauka magana ce irin ta taro, a faɗa a watse. Salim kuwa ya mayar da ita sandar dogarawa. Duk lokacin da wani minista ya ce da izinin wa sakatare ke tura masu sa ido a zaɓe ko manzo wurin 'yan tawaye, sai ya buɗe takardar 1990 ya nuna masa abin da ubangidansa ya amince da shi.

A Dakar a 1992 ya ƙara taku, ya nemi a kafa tsari na dindindin na magance rikici, har da rundunar kiyaye zaman lafiya. Aka ƙi batun runduna, kuma masu ƙin suna da hujja. A 1981 ƙungiyar ta taɓa tura dakarun Nijeriya da Senegal da Zaire zuwa Chadi ƙarƙashin Manjo Janar Geoffrey Ejiga, babu kuɗi, babu umarni bayyananne, madugun 'yan tawaye Hissène Habré ya shiga N'Djamena a Yunin 1982 suna kallo. Salim bai yi fushi ya tafi ba. Ya cire abin da ya tsaya musu a wuya, ya dawo Alƙahira a Yunin 1993 da abin da za su iya haɗiya: ƙaramin kwamiti na ƙasashe mai zama a kai a kai, asusun zaman lafiya, da izinin tura masu sa ido kaɗan in gwamnatin ƙasar ta yarda. Kwamitin Zaman Lafiya da Tsaro na Tarayyar Afirka da ake jin sunansa a rediyo yau, jikan wannan tsari ne.

A tsakani an zo Abuja. Ranar 3 ga Yuni, 1991, Janar Babangida na karɓar baƙi, aka sa hannu kan yarjejeniyar kafa kasuwar tattalin arzikin Afirka, mai matakai shida cikin shekara 34, har da kuɗi ɗaya. Mai son sanin inda aka kwana sai ya tambayi direban tirelar da ke ɗaukar albasa daga Galmi zuwa Kumasi yawan shingayen da yake tsayawa.

Sai Ruwanda, inda duk wanda zai yabi Salim dole ya tsaya ya yi shiru tukuna. OAU ba baƙuwa ba ce a wannan rikici. Da ita da Tanzaniya aka yi shekara guda ana sulhu a Arusha har aka sa hannu ranar 4 ga Agusta, 1993. Ta tura jami'an soja masu sa ido kimanin hamsin ƙarƙashin Manjo Janar Ekundayo Opaleye na Nijeriya, daga baya aka miƙa aikin ga rundunar Majalisar Ɗinkin Duniya. Ranar 6 ga Afrilu, 1994, aka harbo jirgin Shugaba Habyarimana, kisa ya fara. Ranar 21 ga Afrilu Kwamitin Sulhu ya rage rundunar daga kimanin 2,500 zuwa 270, duk da ƙoƙarin jakadan Nijeriya Ibrahim Gambari na a ƙara ta. Salim ya soki wannan mataki, ya yi ta neman ƙasashen Afirka su ba da soja, wasu suka ce ga soja amma babu jirgi, babu motar sulke, masu su kuma suka yi ta jan ƙafa. Cikin kwana ɗari an kashe mutum kimanin 800,000, akasarinsu 'yan Tutsi.

Wannan rabin labarin ke nan. A Yunin 1994, ana tsakiyar kisan, shugabannin Afirka suka taru a Tunis. Taron murna ne, domin a nan aka tarbi Mandela a matsayin shugaban ƙasa ta 53 a ƙungiyar. A zauren kuma, a kujerar Ruwanda, wakilan gwamnatin da ke aikata kisan ne ke zaune. Ba a kore su ba, ba a kira abin da suke yi kisan ƙare dangi ba. Tsarin Alƙahira, mai shekara ɗaya da haihuwa, an gina shi ne a kan yardar gwamnati da tsayawa tsakiya tsakanin masu faɗa, kuma a Ruwanda gwamnati ce mai adda a hannu.

Abin da za a rubuta masa a ɓangaren lada shi ne bai binne maganar ba. A 1998, bisa shawarar Meles Zenawi na Habasha, ƙungiyar ta kafa kwamitin bincike na mutum bakwai ƙarƙashin tsohon shugaban Botswana Ketumile Masire, cikinsu har da Amadou Toumani Touré da Ellen Johnson Sirleaf. Rahoton da suka fitar a Yulin 2000 ya ɗora laifi a kan Faransa da Amurka da Beljiyam da Majalisar Ɗinkin Duniya da manyan coci, sannan ya juyo kan OAU kanta ya ce ta kasa kiran abin da sunansa. Ba kasafai ofis ke biyan kuɗin binciken da zai tona masa asiri ba.

Batun juyin mulki ya fi kusa da mu. Shekaru talatin al'adar ƙungiyar ita ce duk wanda ya kwana da gidan rediyon babban birni a hannunsa, shi ne shugaba, kujerarsa na jiransa a Adis Ababa. A Nuwamban 1995 da gwamnatin Janar Abacha ta rataye Ken Saro-Wiwa da mutum takwas, ƙungiyar Commonwealth ta dakatar da Nijeriya, OAU ba ta yi ba. A Janairun 1996 Ibrahim Baré Maïnassara ya kifar da Mahamane Ousmane a Nijar, ba a hana shi zama a taro ba. Canji ya fara ne a Mayun 1997, da sojojin Saliyo suka kori Ahmad Tejan Kabbah kwanaki kaɗan kafin taron Harare. Shugabannin suka yi tir, suka ba ECOWAS goyon baya ta mayar da shi. Abin dariya, in akwai dariya a ciki, sojojin Abacha ne suka mayar da zaɓaɓɓen shugaban Saliyo kan kujerarsa a 1998.

A Aljiyas a Yulin 1999, da sababbin fuskoki irin su Obasanjo da Thabo Mbeki da Bouteflika, aka yanke cewa wanda ya hau mulki da bindiga ya mayar da tsarin mulki kafin taro na gaba. Daouda Malam Wanké, wanda ya karɓi mulkin Nijar a Afrilun shekarar, ya yi zaɓe ya miƙa wa Mamadou Tandja kafin shekara ta ƙare. Robert Guéï na Kodebuwa da Azali Assoumani na Komoros ba su yi ba, aka rufe musu ƙofar taron Lome a Yulin 2000. A wannan taro aka rubuta dokar dalla-dalla: a yi tir, a dakatar, a ba da wata shida. Da zuriyar wannan doka aka dakatar da Mali da Gini da Burkina Faso, aka dakatar da Nijar a Agustan 2023. Da ita kuma aka kawar da kai daga Chadi a 2021. Tun ran gini tun ran zane: dokar ta yi magana a kan mai tankar yaƙi, ta yi sassauci ga mai gyara tsarin mulki ya zauna har mutuwa, kuma mai masaukin baƙi a Lome shi ne Gnassingbé Eyadéma, wanda ya hau mulki da bindiga tun 1967.

Ƙarshen OAU daga Libiya ya taso. Ranar 9 ga Satumba, 1999, Mu'ammar Gaddafi ya tara shugabannin a Sirte ya ce a kafa ƙasar Afirka guda, da shugaba ɗaya da runduna ɗaya. Nijeriya da Afirka ta Kudu ba sa son wannan, ba kuma sa son ɓata wa mai masauki rai. Aka bar wa ofishin Salim da lauyoyinsa su samo rubutun da Gaddafi zai kira nasara, sauran su kira taka-tsantsan. Kundin Tarayyar Afirka da aka amince da shi a Lome ranar 11 ga Yuli, 2000, ya riƙe ikon kowace ƙasa, amma a sashe na huɗu ya ba tarayyar haƙƙin shiga ƙasa idan ana laifukan yaƙi, ko kisan ƙare dangi, ko cin zarafin bil Adama. Wanda ya karanta wannan layi ya san Ruwanda ce ta rubuta shi. Nijeriya ce ƙasa ta 36 da ta miƙa takardar amincewa, adadin ya cika, kundin ya fara aiki a Mayun 2001. A Disamban 2000 kuma aka sa hannu a Aljiyas kan yarjejeniyar da ta kawo ƙarshen yaƙin Habasha da Eritiriya, a kan tsarin da OAU ta shimfiɗa tun 1998.

Wa'adi uku ya yi, shekara goma sha biyu, babu wanda ya kai shi daɗewa a kujerar. A Satumbar 2001 ya miƙa wa Amara Essy na Kodebuwa, wanda ya kai ƙungiyar Durban aka sauya mata suna a Yulin 2002.

Masu sukarsa na cewa ya daɗe ne don bai taɓa kallon wani shugaba ido cikin ido ya ce masa ka yi laifi ba. Akwai gaskiya a ciki. Masu kare shi na cewa ofishin da ƙasashe ke shekara da shekaru ba su biya kuɗin ƙa'ida ba, wanda asusun zaman lafiyarsa ya dogara da tallafin Turai da Amurka, ba shi da wata sanda sai lallashi, kuma sun ga yadda aka yi da Telli da Kodjo. Nan ma akwai gaskiya. Abin da ba a musu a kai shi ne, abubuwan da sakatare ba ya iya furtawa a 1989, irin su zaɓe da haƙƙin ɗan Adam da yaƙin cikin gida, sun zama aikin yau da kullum na ofishin kafin ya bar shi.

Abuja ta sake ganinsa. A 2005 Tarayyar Afirka ta naɗa shi babban mai shiga tsakani a rikicin Darfur, ya zauna wata da watanni a otal da wakilan Khartoum da na 'yan tawaye. Masu biyan kuɗin zaman suka gaji, aka yi ta sa wa'adi ana ɗagawa. A kwanakin ƙarshe Obasanjo da Robert Zoellick na Amurka da Hilary Benn na Birtaniya suka shigo suka matsa. Ranar 5 ga Mayu, 2006, gwamnatin Sudan da ɓangaren 'yan tawaye na Minni Minnawi suka sa hannu. Jagororin sauran ɓangarorin, Abdul Wahid al-Nur da Khalil Ibrahim, suka ƙi, kuma a sansanonin 'yan gudun hijira mutane suka fito zanga-zangar ƙin yarjejeniyar. 'Yan tawayen suka ƙara rarrabuwa. A Oktoban 2007 Salim da Jan Eliasson, manzon Majalisar Ɗinkin Duniya, suka kira sabon zama a Sirte, manyan 'yan tawayen suka ƙi zuwa. A tsakiyar 2008 aka miƙa aikin ga Djibrill Bassolé, ministan harkokin wajen Burkina Faso, Salim kuma ya koma Darussalam, ofishinsa na Gidauniyar Mwalimu Nyerere.